Poland ko Jamus ta Gabas: ina marubucin fim ya fi samun sarari?

Ɗan'uwa, ka tambaya tsakanin Poland da Jamus ta Gabas, wacce ta fi sakar wa marubucin labarin fim mara a zamanin gurguzu. Ni dai Poland zan ce, amma ba don hukumarta ta fi tausayi ba. A ƙasashen biyu gwamnati ce mai kuɗin, ita ce mai gidajen sinima, kuma ba a ɗora kyamara a kan labari sai ta sa hannu. Bambancin shi ne wanda ke tsaye tsakanin marubuci da hukuma.

A Jamus ta Gabas kamfani ɗaya ne tal, DEFA, da aka kafa a 1946, yana aiki a Babelsberg kusa da Balin. Kowane labari akwai ma'aikaci mai albashi da ke rainonsa, tun yana 'yan layuka har ya zama cikakken rubutu. Wannan raino ya yi rana, domin a nan Wolfgang Kohlhaase ya goge, mutumin da ya iya sa 'yan wasa su yi magana kamar yadda samarin titin Balin ke yi. Sai dai mai rainon nan shi ne kuma zai amsa tambaya a gaban ma'aikatar al'adu, don haka yakan fara datse labari tun ba a ce ya datse ba. Duk da wannan taka-tsantsan, taron kwamitin tsakiya na jam'iyya mai mulki a Disamba 1965 ya jawo aka kulle finafinai kusan 12, har da wanda Kohlhaase ya rubuta. Yawancinsu ba su ga 'yan kallo ba sai bayan faɗuwar katangar Balin a 1989. Wannan ɓarna tana ci mini rai, saboda aikin an riga an zuba masa gumi.

Poland kuwa tun 1955 ta raba masu shirya fim rukuni-rukuni. Kowane rukuni da daraktan da ke jagoranta, da kuma shugaban sashen adabi, wanda sau da yawa marubuci ne mai suna. A rukunin Kadr, Jerzy Kawalerowicz ne jagora, Tadeusz Konwicki mai rubuta littattafai ke duba labarai. Irin wannan mutum yana da martabar da zai ja da jami'in gwamnati, ya tsaya wa labarin ɗan'uwansa marubuci. DEFA ma ta gwada rukunoni, amma bayan 1965 aka rage musu iko.

Kada ka ɗauka Poland aljanna ce. Akwai kwamitin tantance labarai, kuma a 1968 an rushe rukunonin aka sake tsari. Labarin da Aleksander Ścibor-Rylski ya rubuta kan wani birkila da gwamnati ta ɗaukaka sannan ta watsar, tun farkon shekarun 1960 yake ajiye; sai a 1976 aka bar darakta Andrzej Wajda ya ɗauka, fim ɗin ya fito a 1977.