Yuro 540 na miƙa masa da hannuna a Atina: ku yi hattara da mai tallar zuwa tsibirin Moni

Jama'a, yau kwana tara ke nan, amma wallahi har yanzu in na kwanta sai na riƙa ganin hannuna yana miƙa masa kuɗin nan. Yuro 540. Ba wanda ya zare min a aljihu. Ni na ƙirga, na sake ƙirgawa, na ba shi, har da cewa "mun gode, Allah ya saka da alheri." Ɓarawo na yi wa addu'a.

Ƙarfe bakwai da rabi na safiyar Alhamis muna tsaye a Zeya, inda ƙananan jiragen yawo suke tsayawa a Fireyas, garin tashar jiragen ruwan Atina, mu shida. Ni, da maman yara, da ƙaninta, da abokina da matarsa, sai Hajiya surukata wadda ta zo mana ziyara Jamus daga Kano, muka ce bari mu kawo ta Girka ta ga teku ta sha iska kafin ta koma. Ta zauna a kan jaka, ta riƙe robar dambun namanta a cinya, tana kallon Turawa suna shiga jirage da huluna da tawul. Ni kuwa ina bin jirage ɗaya bayan ɗaya da waya a hannu ina nuna wa ma'aikata hoto, kamar mai cigiyar yaro. Wani dattijo da yake kwance igiya ya dubi hoton, ya dube ni, ya girgiza kai, ya ce jirgin nan bai taɓa ganinsa a wurin ba. Ko a lokacin ban yarda ba. Na ce wataƙila tsufa ne.

Bari in koma baya, don na san abin da wasunku za su ce. Za ku ce yaya mutum da hankalinsa zai ba wanda ya haɗu da shi a titi kuɗi. Ni a Kantin Kwari na tashi, tun ina ɗan shekara goma sha biyu nake tsaron shago, na ga 'yan damfara kala-kala. Shekarata goma sha ɗaya a Turai. Ni ne wanda nake kiran 'yan uwa a gida ina ce musu kada su tura kuɗin biza ga kowa. To ku ji yadda aka yi tukuna.

Ranar Talata da la'asar muna dandalin Monastiraki, Hajiya ta hango wani gini mai ƙubba ta ce min, "Wancan ba masallaci ba ne?" Kafin in buɗe baki sai muka ji sallama a bayanmu. Cikakkiyar sallama, har da wa barakatuhu. Mutum ne mai kimanin shekara arba'in, farar riga a goge, kati rataye a wuya, jakar takardu a hammata. Ya ɗan rusuna wa Hajiya, ya kira ta Mama, bai miƙa wa matan hannu ba. Wannan na lura da shi, kuma ya shiga raina. Ya ce masallaci ne, wani gwamnan Turkawa mai suna Tzistarakis ya gina shi a 1759, amma yanzu ba a salla a ciki, an mayar da shi wurin ajiye kayan tarihi. Ya ce in salla muke so akwai masallaci a unguwar Botanikos wanda gwamnati ta buɗe a 2020, ya kwatanta mana jirgin ƙasan da za mu hau. Da muka koma masauki na duba, komai gaskiya ne. Shekara daidai, suna daidai. Ku faɗa min, wanda ya faɗa maka gaskiya uku a jere, ta huɗun za ka ce ya rantse?

Bai ma fara maganar jirgi ba sai da ƙanin maman yara ya tambaye shi. Shi ya tambaya, ba ni ba, ko da yake ba ɗora masa nake yi ba. Ya ce muna son zuwa tsibiri amma mata ba sa son jirgin da ake kiɗa da giya. Mutumin ya yi shiru kamar mai tunani, sannan ya buɗe jaka. Hotuna a cikin leda, farin jirgi mai rumfa, tebur da kifi gasasshe. Ya ce jirginsu mutum goma sha biyu kawai yake ɗauka, ranar Alhamis iyalai Musulmi ne zalla, ba giya, naman halal, akwai inda mata za su shiga ruwa ba idon kowa. A tashi daga Zeya ƙarfe takwas, a tsaya tsibirin Agistiri, a wuce Moni, a ci abinci a can, a biya tsibirin Egina a sayi tsaraba, kafin magariba an dawo. Shi da kansa zai yi mana jagora. Ya ce Moni ba kowa ke zaune a cikinsa sai ɗawisu da barewa da awakin daji, har hannu suke zuwa su karɓi abinci. Hajiya ta ce, "Ikon Allah, ɗawisu a tsakiyar ruwa?" Ta yi dariya. Daga wannan dariyar aka gama da ni, don ba zan iya cewa a'a a gaban surukata ba.

Yuro 90 kowane mutum. Shida, 540. Na ma yi ciniki fa, daga 110 ya sauko, ya ce saboda Mama. Na ji daɗi wai na yi wayo.

Ga inda nake ta komawa. Na fito da kati, ya ce na'urar tana cikin jirgi, in ba da 300 a hannu a riƙe mana gurbi. Wani abu ya ɗan taɓa ni a ƙirji, wallahi ya taɓa ni. Na ce rasit fa? Ya ciro wani ɗan littafi ya rubuta da biro, ya buga hatimi mai hoton anga, ya yage ya ba ni. Na riƙe takardar ina juyawa, rubutun Girkanci ne, ban iya karanta ko harafi ba. A daidai lokacin Hajiya ta buɗe robarta ta ɗebo masa dambu a leda, ya karɓa da hannu biyu, ya ci a gabanmu, ya ce bai taɓa cin abu mai daɗi haka ba. Sai na ji kunyar zargin da na yi. Na je injin cirar kuɗi na ciro 300 na kawo. Ya ci dambun Hajiya, jama'a. Wannan ya fi kuɗin ci min rai.

Sauran 240 ɗin ranar Laraba da dare ne. A'a, tsaya, da rana ya fara turo saƙon murya a WhatsApp, wai yana kasuwa yana sayen naman, yana tambaya ko Mama tana cin yaji. Da dare ya zo har ƙofar masaukinmu ya ce kyaftin yana son a kammala lissafi don a kai sunayen fasinja ofishin tasha tun da wuri. Ya karɓi sunayenmu, ya karɓi 240. 300 da 240. Sai daga baya na san cewa a dokar Girka cinikin da ya haura Yuro 500 ba a biyansa da tsabar kuɗi, sai ta kati ko banki. Na kuma tuna da wata sanarwa da na riƙa gani a manne a shaguna da gidajen abinci, da Girkanci da Turanci, cewa mai saye ba dole ne ya biya ba in ba a ba shi rasit na doka ba. Na karanta ta ya fi sau goma a kwanakin nan ina wucewa.

To, mu dawo Zeya. Takwas ta yi, na kira, ya ɗauka. Ya ɗauka fa! Ya ce iskar meltemi ta taso, wadda take kaɗawa daga arewa a watannin Yuli da Agusta, hukuma ta hana ƙananan jirage fita, mu jira zuwa goma. Iskar nan gaskiya akwai ta, kuma ana hana jirage tashi in ta yi ƙarfi. Amma ina tsaye ina kallon tuta ko motsin kirki ba ta yi, jirage uku sun fita a kan idona. Na faɗa masa. Ya ce waɗancan manya ne. Ƙarfe tara da wani abu ya sake kira, wai an samu wani jirgin amma sai an ƙara Yuro 10 kowa kuɗin tasha, in tura 60 ta waya. Kun san na buɗe manhajar banki? Na buɗe. Maman yara ce ta dafa hannuna ta ce a hankali, "Baban Abba, ya isa haka." Ƙarfe goma da kwata hotonsa ya ɓace a WhatsApp, saƙo ya daina shiga.

Rasit ɗin na kai wa 'yan sanda tare da abokina. Jami'in ya karɓe mu da mutunci, ya duba takardar ya ce ba sunan kamfani, ba lambar haraji, irin littafin da ake sayarwa ne a shagon takardu. Ya tambaye ni lambar rajistar yawon buɗe ido, wadda suke kira MITE, da kowane kamfanin yawo na gaskiya yake da ita. Ranar na fara jin sunanta. Ya tambaye ni sunan jirgin. Na sake buɗe hoton da na ɗauka na hotonsa, sai na ga an yanke daidai inda suna yake. Kwana biyu hoton nan yana wayata ban lura ba. Sun rubuta bayani, sun karɓi lambar wayarsa.

Abokina 180 ya bayar, nasa da na matarsa, kuma a kan maganata ya bayar, don ba ya wurin ranar Talata. Na mayar masa, ya ƙi karɓa, na sa masa a jaka, ya dawo min da shi a mota. Har yau muna wannan jan. Da ya zage ni da ya fi min sauƙi.

Abin haushin, ranar Asabar mun je Monin. Muka je babbar tashar Fireyas, ƙofa ta E8 inda jiragen Egina suke lodi, muka sayi tikiti a taga da kati, ko Yuro 20 bai kai ba kowane mutum. Awa ɗaya da 'yan mintuna muna Egina, muka hau mota zuwa ƙauyen masunta na Ferdika, daga nan ƙaramin kwalekwale ya tsallaka da mu cikin kamar minti goma. Ga ɗawisun nan kuwa, suna yawo a ƙarƙashin itatuwa. Ko a nan bai yi ƙarya ba, la'ananne. Duk tafiyar har da abinci da fistashiyon tsaraba ba ta kai rabin 540 ba.

In kun zo Atina, kada ku sayi tafiyar jirgi a hannun mutum a titi, ko da ya karanto muku Yasin da ka. Ku biya da kati, ku nemi sunan jirgi da lambar MITE. Lambar wayar 'yan sandan masu yawon buɗe ido 1571. Shi ke nan.

Ina da hirarmu duka, da saƙonnin muryarsa guda bakwai, da rasit ɗin, da hoton da ƙanin maman yara ya ɗauka inda gefen fuskarsa ya fito. Zan ɗora su da zarar na rufe sunayenmu da fuskar Hajiya, kuma sai na ji daga 'yan sanda ko ya halatta in sa fuskarsa. Wanda ya haɗu da mai irin wannan siffa a Monastiraki ya yi min magana ta akwati.

Roƙo ɗaya, don Allah wanda ya san Hajiya kada ya kai mata wannan labari. Mun ce mata iska ce ta hana, kuma an mayar mana da kuɗinmu. Jiya da na kira gida in ji yadda ta sauka, bayan mun gaisa ta ce in ina magana da yaron nan na Girka in gaishe shi, in ce masa in wani zai zo za ta aiko masa da dambu. Na ce to, Hajiya, zai ji.