Yajin Cajun da na saya don fita shan iska ya kusa ɓata mini tukunya

Na sayi wannan kwalbar yajin Cajun ta intanet ne saboda buƙata ɗaya. Iyalai huɗu muka shirya fita shan iska ranar Asabar a lambun tafkin Titiwangsa da ke Kuala Lumpur, aka kuma ɗora mini girkin shinkafa. Na daɗe ina sha'awar jambalaya, wato dafa-dukar mutanen kudancin Luwiziyana ta Amurka da ake kira Cajun, jikokin masu jin Faransanci da Ingila ta fara kora daga gabashin Kanada a 1755, don haka na ƙudurta zan girka ta da kayan da muke da su a nan Malesiya. A can da tsiran alade ake yin ta, ni kuwa kaza na gasa a kan gawayi, na tanadi jatan lande da madarar kwakwa da serai, ciyawar nan mai ƙamshin lemun tsami.

Da na buɗe kwalbar na ji daɗi ƙwarai, domin ƙamshin tafarnuwa da masoro da jan barkono ya cika ɗakin girki. Na soya albasa da koren tattasai da seleri, waɗanda su ne ginshiƙin girkin Cajun, na gasa ɗan belacan, daddawar jatan landen Malesiya, sannan na zuba cokali uku na yajin kamar yadda aka rubuta a jikin kwalbar. Sai da shinkafa ta fara tsotse ruwa na ɗanɗana, nan take gabana ya faɗi. Gishiri ya yi zau, irin wanda yake kama harshe, alhali ko ƙwaya ɗaya ban saka ba. Da na ɓare takardar da mai sayarwa ya manna a bayan kwalbar, sai ga jerin kayan haɗi a ƙarƙashinta, gishiri ne a sahun farko, wanda ke nufin shi ya fi komai yawa. Da na ga haka tun farko, ai da ban haɗa shi da belacan ba, tunda shi ma da gishiri ake tsima shi. Ƙarfe tara ta wuce, tafiya ƙarfe goma ce, ga kaza biyu da jatan lande masu tsada a cikin tukunyar.

Maƙwabciyata 'yar ƙasar ce ta cece ni. Muna kiranta Kak, wato yaya a harshensu. Ta ce in dafa wata shinkafar da madarar kwakwa da ganyen pandan mai ƙamshi kamar za a yi nasi lemak, wato shinkafar kwakwa ta Malesiya, amma babu gishiri, in gauraya su, in matsa ƙananan lemun tsaminsu. Ta kuma gargaɗe ni cewa shinkafar kwakwa ba ta jure zafin garin nan, lallai a cinye ta kafin azahar.

Gaskiya ɗaya ce, da muka shimfiɗa tabarma a bakin tafkin muka buɗe kula, abincin ya yi daɗin da ban zata ba. Madarar kwakwa ta kwantar da zafin barkonon, ƙamshin hayaƙin kazar ya fito, maigida kuma ya ce ya tuna masa da dafa-dukar gida mai daddawa. A lokacin har na yafe wa kwalbar.

Amma da na rubuta wa mai sayarwa game da takardar da ta rufe jerin kayan, amsarsa ita ce haka yajin Cajun yake, ko haƙuri bai ba ni ba. Wannan ya dawo mini da ɓacin raina sabo. Bayan mako biyu kuma yajin ya dunƙule saboda laimar garin, domin murfin ba ya rufuwa sosai, sai da wuƙa nake ɓantaro shi. Kuɗin da na biya ba na gishiri ba ne. Tauraro biyu na ba shi, kuma jambalayar da zan yi nan gaba da kaina zan daka yajinta.