Taskar British Pathé a idon mai neman tsofaffin hotunan yaƙi

British Pathé kamfani ne na Birtaniya da ke riƙe da labarun majigi waɗanda aka riƙa nunawa a gidajen sinima daga 1910 zuwa 1970, kuma a 2014 ya ɗora fina-finai kusan 85,000 a YouTube. Ga mai shirya fim a kan yaƙin duniya na ɗaya ko na biyu, wannan ba ƙaramin sauƙi ba ne, domin yana iya zama gaban kwamfutarsa ya kalli kwashe sojoji daga garin Dunkirk na Faransa a 1940 ko saukar dakarun ƙawance a gaɓar tekun Normandy ta Faransa a 1944, ya zaɓi daƙiƙun da yake so tun bai kashe ko sisi ba. A wannan fanni na yaba wa kamfanin ƙwarai.

Kallo ne kyauta, amma sanya hoton a cikin fim sai da lasisi, kuma kuɗin ya danganta da tsawon abin da aka yanka, da ƙasashen da za a nuna fim ɗin, da tsawon wa'adin izinin.

Inda nake son mai bincike ya yi hattara shi ne asalin kayan. Labarun majigi na lokacin yaƙi sun bi ta hannun masu tace labarai na gwamnati kafin su isa ga jama'a, an yanke su an harhaɗa domin ƙarfafa zukata, kuma yawancin kyamarorin fagen daga ba sa ɗaukar sauti, saboda haka ƙarar igwa da ake ji galibi a ɗakin haɗa fim aka ɗora ta. Editoci kan cike giɓi da hoton atisaye ko na wani fagen dabam. Dole mutum ya tsayar da hoton ya duba hular kwano, da kakin soja, da irin tankar da ke wucewa. Tankar Sherman, alal misali, sai a 1942 ta shiga yaƙin hamadar Masar, don haka idan ta bayyana a hoton da aka ce na 1941 ne, akwai gyara a bayanin. Wannan ya dame ni matuƙa, domin mutanen da ke cikin hotunan nan da gaske suka yi yaƙi, kuma bai dace a kai su fagen da ba su taɓa takawa ba.

Wanda ke buƙatar hoton da editoci ba su taɓa shi ba ya tuntuɓi gidan tarihin yaƙi na Imperial War Museums a Landan, inda ake ajiye faifan da masu ɗaukar hoto na rundunar sojan Birtaniya suka ɗauka, da yawa tare da takardun da suka rubuta rana da wuri a kansu. Mai ƙaramin jari kuwa ya leƙa taskar adana tarihi ta ƙasar Amurka da ke College Park a jihar Maryland, tun da hotunan da sojojin gwamnatin tarayyar Amurka suka ɗauka a bakin aiki ba su da haƙƙin mallaka a dokar ƙasar.