Wane jirgin yaƙi ya kamata mu saya wa tekunmu?

Duk ranar da aka ƙaddamar da sabon jirgin yaƙi a Legas, hotuna kan cika jaridu: hafsoshi cikin fararen kaya, 'yan badujala na kiɗa, jirgi ya sha fenti yana ƙyalli. Abin da ba a cika nuna mana ba shi ne lissafin da ya sa aka ɗauki wannan jirgi aka bar wancan. Kuɗin kuwa na kowa ne, har da ɗan kasuwar Dawanau da malamin makaranta a Gusau da ba su taɓa ganin teku ba. Kwantenar da ke sauka a Apapa ita ce ke cika shagunan Kantin Kwari, ɗanyen man da ke fita ta Bonny shi ne ke cika asusun da ake raba wa jihohi duk wata. Ya kamata mu san yadda ake wannan ciniki.

Kafin a tambayi farashi, a fara tambayar aikin da jirgin zai yi. Gaɓar tekun Najeriya ta kai kimanin kilomita 853, kuma dokar teku ta duniya ta ba mu ikon albarkatun ruwa har mil 200 daga gaɓa. Babu maƙwabciyar da ke da rundunar ruwan da za ta iya kawo mana mamaya. Abokan gabarmu 'yan fashin teku ne, da ɓarayin ɗanyen mai, da manyan jiragen kamun kifi da ke shigowa ba izini, da masu fasa-ƙwaurin makamai da ƙwaya. A shekarar 2020, cikin ma'aikatan jiragen ruwa 135 da aka yi garkuwa da su a tekunan duniya baki ɗaya, 130 a mashigin tekun Gini, yankin da tekunmu yake ciki, aka sace su. Wannan ita ce cutar da ake neman wa magani.

Muhawarar babba ko ƙarami tsohuwa ce. A 1890 wani hafsan sojan ruwan Amurka, Alfred Mahan, ya yi fice da ra'ayin cewa ƙasar da ke son iko da teku sai ta tara manyan jirage ta murƙushe rundunar abokin gaba a karo guda. Kusan a wannan zamani, a Faransa, Admiral Aube da mabiyansa suna cewa mai ƙaramin ƙarfi gara ya sayi ƙananan jirage masu yawa masu harba tofido (makamin da ke gudu a ƙarƙashin ruwa ya fasa jirgi), ya hana babba sakat. Har yau duk ƙasar da ta shiga kasuwar jiragen yaƙi tana tsaye ne tsakanin waɗannan biyun.

Firiget, ƙaton da muka riga muka gwada

Firiget shi ne jirgin da kowane hafsan sojan ruwa ke mafarki: yana yaƙar jirgin sama, yana yaƙar na kan ruwa, yana farautar na ƙarƙashin teku. Mun taɓa sayen irinsa, kuma mai kyau. NNS Aradu, wanda kamfanin Blohm+Voss ya ƙera a Hambog ta Jamus, ya fara aiki a 1982. Tsawonsa ya kai mita 125, nauyinsa ya haura tan 3,000, da babbar bindiga da makamai masu linzami da jirgi mai saukar ungulu a bayansa. A lokacin babu kamarsa a Afirka ta Yamma. A 2005 har Ingila ya je bikin cika shekara 200 da yaƙin Trafalgar.

Amma duk wanda ya bi tarihinsa ya san shekarun da ya yi a ɗaure bakin tasha suna da yawa ƙwarai. Ba laifin ƙira ba ne. Guda ɗaya tak muka saya, kuma masu aikin teku suna da ƙa'ida: in kana son jirgi ɗaya ya kasance a teku kullum, sai ka mallaki uku, ɗaya na sintiri, ɗaya na atisaye, ɗaya na gyara. Mai firiget ɗaya, ranar da ya shiga gyara ba shi da firiget. Ga injinansa masu shan mai kamar ba gobe, ga ma'aikata kusan 200, ga makamai masu linzami da su ma suke da wa'adi kamar magani, ko an harba ko ba a harba ba. Sayen doki bai kai ciyar da shi wuya ba. Kuɗin da jirgin yaƙi ke ci a tsawon rayuwarsa ya fi kuɗin sayensa nesa, kuma wannan kuɗin ne aka fi saurin yankewa idan farashin mai ya faɗi. Afirka ta Kudu, wadda ta fi mu masana'antu, ta ƙulla cinikin firiget huɗu daga Jamus a 1999, ita ma tana fama da neman kuɗin da za ta riƙa fitar da su teku.

Na hannu fa? Amurka ta ba mu tsofaffin jiragen masu gadin gaɓarta guda biyu, waɗanda suka zama NNS Thunder da NNS Okpabana. Sun yi mana aiki, ban raina su ba. Suna da zango mai nisa kuma suna jure igiyar ruwa. Sai dai tun ƙarshen shekarun 1960 aka ƙera su. Wanda ya taɓa riƙe tsohuwar mota 'yar Kwatano ya san yadda abin yake: araha ranar saye, sannan a yi ta neman kayan gyaran da masana'anta ta daina yi. Jirgin gwanjo na toshe ɓaraka ne zuwa wani lokaci, ba a gina runduna a kansa.

Jirgin sintirin nesa

Nan ne zuciyata ta fi kwanciya. Wannan jirgi ne matsakaici, tsawon mita 60 zuwa 95, da injin dizal, da bindiga ɗaya babba da ƙanana a gefe, da fili a baya inda jirgi mai saukar ungulu zai sauka, da kwale-kwale masu gudu guda ɗaya ko biyu da ake sauke wa ruwa idan za a hau jirgin da ake zargi. NNS Centenary da NNS Unity da aka sayo daga China, waɗanda suka fara aiki a 2015 da 2016, irin wannan ne: mita 95, kimanin tan 1,800, ma'aikata ba su kai rabin na Aradu ba. A 2021 an ba kamfanin Dearsan na Turkiyya kwangilar wasu guda biyu masu mita 76. Senegal ma wannan hanya ta bi, ta sayi guda uku iri ɗaya daga Faransa.

Abin da ya sa na fifita shi, kwanakin da yake yi a teku. Ɗan fashi ba girman bindigarka yake tsoro ba, ganinka yake tsoro. 'Yan fashin yankinmu sun koyi fita mil 100 har fiye daga gaɓa, inda ƙaramin jirgi ba ya iya kwana. Jirgin da zai yi mako biyu ko uku a can, ya tura mai saukar ungulu ko ƙaramin jirgi maras matuƙi ya leƙo abin da ke bayan sararin da ido ke gani, shi ne ke ɓata musu sana'a. Da kuɗin firiget ɗaya na zamani za a iya samun irin waɗannan da dama.

Aibinsa a fili yake, kuma kada mai sayarwa ya ɓoye maka: ba jirgin gwabza yaƙi ba ne. In aka harbo masa makami mai linzami, da wuya ya kare kansa. Mai hankali zai nemi a bar masa gurbi da ƙarfin lantarki a jikin jirgin, yadda in zamani ya canza za a ɗora makamai ba tare da an sake ƙera wani ba.

Ƙananan jirage masu gudu ba sa bukatar dogon bayani. A lungunan ruwan Neja Delta, inda ake dafa man sata, da kuma Tafkin Chadi inda sojan ruwa ke da sansani a Baga, babban jirgi ba shi da wurin juyawa. Abin da nake so a lura da shi shi ne wannan aji muna iya ƙerawa da hannunmu. NNS Andoni a 2012, NNS Karaduwa a 2016, NNS Oji a 2021, duk a ma'aikatar jiragen sojan ruwa ta Legas aka yi su. Wanda ya ƙera abu ya san gyaransa.

Na ƙarƙashin teku da mai dakon jiragen sama

Jirgin ƙarƙashin teku yana da kwarjinin da babu mai musu. Ranar 2 ga Mayu, 1982, jirgin Birtaniya HMS Conqueror ya nutsar da General Belgrano na Ajantina a yaƙin Falkland, mutum 323 suka mutu, manyan jiragen Ajantina suka koma tasha ba su sake fitowa ba har aka gama yaƙin. Jirgi guda ya ɗaure runduna. To amma mu wa za mu ɗaure? Ba ya kama ɓarawon mai, ba ya tsayar da jirgin kifi. Kuma ba ya yafe sakaci: Ajantina ta rasa San Juan da mutum 44 a 2017, Indonisiya ta rasa Nanggala da mutum 53 a 2021. Ƙasar da ba ta gama iya riƙe jirgin kan ruwa ba, kada ta tura 'ya'yan mutane ƙarƙashinsa. Mai dakon jiragen sama kuwa, labarin Tailan ya isa: ta sayi ɗaya daga Sifaniya, ta karɓe shi a 1997, zuwa 2006 jiragen yaƙin da ke tashi a kansa sun daina aiki.

Abin da ke tafe

Tun 1967, da ƙananan jiragen Masar suka nutsar da jirgin Isra'ila mai suna Eilat da makamai masu linzami a kusa da Port Said, aka gane ƙarami na iya kayar da babba. Yaƙin Ukraine ya ƙara fito da abin. A Afrilun 2022 aka nutsar da Moskva, jagoran rundunar Rasha a Bahar Aswad, da makaman da aka harbo daga tudu. A 2024 kwale-kwale marasa matuƙi cike da nakiya suka nutsar da wasu jiragen, har Rasha ta kwashe da yawa daga Sevastopol zuwa Novorossiysk. A Bahar Maliya, tun daga Nuwamban 2023, 'yan Huthi na Yaman suka tilasta wa manyan kamfanonin dakon kaya zagayawa ta ƙasan Afirka, jiragen Amurka kuma suna harba makamin miliyoyin daloli don kakkaɓo jirgi maras matuƙi da kuɗinsa kashi kaɗan ne na kuɗin makamin.

Wasu za su ce ke nan a bar jirage a sayi marasa matuƙi. Ban yarda ba. Ukraine da 'yan Huthi hana wani amfani da teku suke yi. Mu buɗe teku muke so, kaya su shigo, mai ya fita. Kwale-kwalen nakiya ba ya sa wa mutum ankwa, ba ya kawo shaidar da alƙali zai karɓa, alhali dokar yaƙi da fashin teku ta 2019 da hukuncin ɗaurin da aka yanke wa 'yan fashi a Legas a 2021 suna cikin abin da ya rage musu ƙarfi. Maras matuƙin da ya dace da mu shi ne na leƙen asiri, a haɗa shi da na'urorin hangen nesa na Falcon Eye da ke bakin gaɓa. Amma darasin yana da ɗaya fuskar. A 2008 tsagerun Neja Delta sun kai hari kan tashar mai ta Bonga, kimanin kilomita 120 cikin teku, da kwale-kwale masu gudu kawai. Gobe ba sai sun hau da kansu ba. Duk jirgin da za a saya yanzu ya zo da bindiga mai saurin ɓari da na'urar da ke rikita siginar maras matuƙi.

Saura abin da ke cikin takardar kwangila, inda aka fi cutar mai saye. Jiragenmu sun fito daga Jamus, Amurka, China, Faransa, Isra'ila, Turkiyya da kamfanin Damen na Holan da ya ƙera mana NNS Kada. Kowanne da injinsa, da kusoshinsa, da littafin gyaransa, injiniya ɗaya ba zai ƙware a duka ba. Shida iri ɗaya sun fi shida iri shida sauƙin riƙewa. A sa a rubuce cewa kayan gyara na shekaru za su biyo jirgin, za a horar da masu walda da masu lantarki namu, kuma na ƙarshen jerin a Legas za a haɗa su. A kuma san inda kuɗin zai fito. Mozambik ta ci bashin kimanin dala biliyan 2 a ɓoye tsakanin 2013 da 2014 da sunan jiragen kamun kifi da na tsaron gaɓa. Jiragen suka yi tsatsa a tashar Maputo, bashin ya durƙusar da kuɗin ƙasar, tsohon ministan kuɗinta ya ƙare a gaban kotun Amurka.

Idan shugaban sojan ruwa ya zo majalisa kare kasafinsa, ina roƙon wakilanmu su nemi takarda ɗaya kafin a yi maganar sabon saye: sunan kowane jirgi da muke da shi, da adadin kwanakin da ya yi a teku bara.