Daga Amurka zuwa Zariya: littattafan fursunonin yaƙin basasa, na saye da na bari

Assalamu alaikum malamaina da 'yan'uwa na Zazzau, musamman masu tarihi a Samaru da masu karatun shari'a a Kongo. Tambayar da ta fi yawan zuwa daga gida ita ce yadda ake samun littattafai kan fursunonin yaƙin basasar Amurka na 1861 zuwa 1865, da wanda ya cancanci a kashe masa dala a aiko. Gaskiyar magana, yawancin waɗanda ake rubuto sunayensu kyauta ne a intanet, na sayen kuma huɗu ko biyar sun ishi mai bincike.

Abin da ya sa littattafan suka yi yawa haka shi ne girman masifar. An kama sama da soja 400,000 a ɓangarorin biyu, wato jihohin Arewa da na Kudu na Amurka, kimanin 56,000 suka mutu a tsare. Da farko musaya ake yi bisa yarjejeniyar watan Yuli na 1862, sai ta rushe a 1863 saboda Kudu ta ƙi ɗaukar baƙaƙen sojojin Arewa a matsayin fursunonin yaƙi. Daga nan sansanoni suka cika suka batse. Andersonville da ke jihar Jojiya an gina shi don mutum 10,000, amma a watan Agusta na 1864 akwai sama da 32,000 a fili eka 26 da rabi, rafi ɗaya ne ruwan sha, shi ne na wanka, shi ne kuma magudanar bayan gida. Cikin kimanin 45,000 da suka shiga, kusan 13,000 gudawa da atuni da ciwon ruɓewar dasashi suka kashe. Arewa ma ba ta wanke kanta ba: a Elmira ta jihar New York, cikin kusan 12,000, wajen 3,000 ne suka mutu.

A nan, mai neman littafi ba kanti yake fara zuwa ba, ɗakin karatun gari yake zuwa. Kati kyauta ne ga mazaunin gari, ana nuna shaida mai hoto da takarda mai adireshi, kamar ta kuɗin wuta ko ta haya. Ɗakunan karatun gari galibi da lambar Dewey suke jeri, kantar da ake nema ita ce 973.77. Na jami'o'i kuma da tsarin ɗakin karatun Majalisar Dokoki suke aiki: E611 da E612 sansanonin Kudu, E615 da E616 na Arewa. Ɗalibin da zai shiga ɗakin karatu na Kashim Ibrahim ya riƙe waɗannan lambobi, ya ƙara da DT515.836, inda yaƙin basasarmu yake a wannan tsarin. Duba kanta da lamba ya fi neman suna, don littattafan da mutum bai taɓa ji ba suna nan gefen wanda ya zo nema.

Babban bambanci da gida shi ne aron tsakanin ɗakunan karatu. In littafi ba ya garinku, sai ka samo shi a kundin WorldCat, ka kwafi sunan marubuci da shekarar bugu da lambar ISBN, ka cike fom. Su ne za su aro maka daga wata jiha, yawanci cikin mako ɗaya ko biyu, sau da yawa ba ko sisi. Matsalarsa ita ce wa'adi gajere ne, ba kasafai ake sabuntawa ba, kuma bugun ƙarni na 19 ba a barinsa ya fita. A gida kuwa, abin da babu a Zariya sai an hau mota zuwa Kaduna, Arewa House ko ma'ajiyar takardun tarihi ta ƙasa, ko a roƙi wani a Ibadan ya yi fotokwafi ya ba direba.

Yanzu ga abin da ba za a saya ba. Tsoffin fursunoni sun rubuta labaransu rututu bayan yaƙin, kuma duk haƙƙin mallakarsu ya ƙare, suna nan a Project Gutenberg da Internet Archive. Na John McElroy na 1879 da na John Ransom na 1881 su ne aka fi nema. A karanta, amma da taka-tsantsan. An rubuta su ne shekaru bayan yaƙi, lokacin da ake fafutukar fansho, 'yan siyasa kuma ke neman ƙuri'a da tuna wa mutane Andersonville. Ransom da kansa ya ce asalin littafin da ya rubuta a sansani wuta ta cinye, masana tarihi kuma sun gano kwanakin da ba su dace da takardun hukuma ba. Wanda ya gina babin digiri a kan irin wannan kaɗai ya yi gini a kan yashi. Takardun hukumar su ma kyauta ne: tarin rahotannin yaƙin da gwamnati ta buga littattafai 128 ne, kashi na biyu mai juzu'i takwas kacokan kan fursunoni ne, da wasiƙun kwamandoji da rahoton likitoci. Kar wani ya ce a sayo masa su a takarda, jaka biyu ba za ta ɗauke tarin ba. A sauke fayil ɗin da dare lokacin da data ke araha.

Na saye su ne na masu bincike. William Hesseltine ya fitar da Civil War Prisons a 1930, yana cewa talauci da rashin tsari da farfagandar yaƙi ne suka haddasa abin, ba niyyar kisa ba. Charles Sanders a While in the Hands of the Enemy na 2005 ya ce a'a, shugabannin ɓangarorin biyu sun san halin da ake ciki suka zaɓi barinsa. Dole a haɗa su biyun, don wanda ya karanta ɗaya rabin muhawarar ya ji. Andersonville: The Last Depot na William Marvel, 1994, shi ya fi bin takardu filla-filla kan wancan sansani, kuma yana ganin an ɗora wa kwamandan sansanin, Henry Wirz, wanda aka rataye ranar 10 ga Nuwamba 1865, laifin da ya fi nasa. Portals to Hell na Lonnie Speer, 1997, ya zagaya sansanonin duka, yana da amfani in ana neman bayanin sansanonin Arewa kamar Point Lookout ko Camp Douglas. Andersonville na MacKinlay Kantor da ya ci kyautar Pulitzer a 1956 ƙagaggen labari ne, ba a kafa hujja da shi, ko da yake yakan shigo jerin manazarta na ɗalibai.

Gwanjo za a saya, sabon bugu mai bangon kwali na maɗaba'ar jami'a kuɗinsa yakan ninka na mai bangon takarda. AbeBooks da ThriftBooks da eBay su ne kasuwar, sai gwanjon da ɗakunan karatu ke yi, inda littafi kan faɗo dala ɗaya ko biyu, sai dai sa'a ce. Wanda aka cire daga ɗakin karatu, mai hatimi da lamba a ƙeya, shi ya fi dacewa da gida: ɗinkinsa mai ƙarfi ne, an kuma sa masa rigar leda. Tarkon da ya fi kama mutane shi ne tsohon littafi da aka ɗauki hotonsa da na'ura aka sake bugawa da sabon bango. Haruffa sun cakuɗe, taswirar da ke naɗe a ciki ta ɓace, lambar shafi ba ta dace da ta asali ba, don haka ba a iya kafa hujja da shi. Alamarsa: littafin 1879 amma shekarar bugu ta bana, babu sunan edita, babu gabatarwa. Na Kindle kuma a kulle yake da asusun mai saye, ba a tura wa wani, wasu ma ba a sayar wa adireshin Najeriya. Aron littafi ta intanet a Internet Archive shi ma ya ragu, tun da a 2023 suka faɗi ƙarar da kamfanonin ɗab'i suka kai su, aka janye littattafai kusan 500,000.

Batun aikowa: farashin gidan waya mai rahusa na littattafai cikin Amurka kawai yake aiki, kuɗin aika littafi ɗaya zuwa Najeriya yakan fi kuɗin sayensa. Hanyar ita ce a tara su a adireshi ɗaya a ba matafiyi mai sauka Abuja ko Kano. Jaka kilo 23 ce, waɗannan huɗun ba za su kai kilo huɗu ba. A naɗe kowanne a leda, a sa su tsakiyar tufafi. In sun iso kar a ajiye a ƙasa ko jikin bango, gara da laimar damina na jira, hunturu kuma kan busar da gam ɗin mai bangon takarda har shafuka su fara zubewa, gara a kai wa masu ɗinkin littafi tun da wuri.

Masu son kwatantawa da yaƙinmu na 6 ga Yuli 1967 zuwa 15 ga Janairu 1970 su san inda gizo ke saƙar. Alƙaluman Amurkawa sun tabbata ne don wasu sun rubuta sunaye. Wani fursuna, Dorence Atwater, ya kwafi rajistar mamatan Andersonville a ɓoye, da ita shi da ma'aikaciyar jinya Clara Barton suka sa wa kaburbura suna a 1865, saura 460 kawai ba a gane ba. A Elmira, John W. Jones, wanda ya tsero daga bauta, shi ya binne sojojin Kudu yana rubuta sunan kowanne. Namu da aka fi sani labarin tsarewa ne na mutum ɗaya, kamar The Man Died na Wole Soyinka, 1972, wanda farar hula ne da aka tsare a Kaduna, da Sunset in Biafra na Elechi Amadi, 1973, da aka tsare a ɗaya ɓangaren. Mai wannan bincike zai dogara ne da jaridun lokacin, New Nigerian da Gaskiya Ta Fi Kwabo, da rahotannin ƙungiyar Red Cross ta Geneva, da ƙa'idojin yaƙi da gwamnatin Gowon ta ba sojojinta a 1967, sai kuma bakin tsoffin sojoji. Waɗannan na ƙarshe Zariya ba ta rasa su ba, garin da ke da Depot na horar da sojoji, kuma mafi ƙanƙantarsu yanzu ya haura saba'in. A tafi musu da rikoda, a tambayi bataliya da wurin da aka kama ko aka tsare mutum da watan, a rubuta a takarda a ranar.