Wata biyar ina amfani da Kahoot a darasin Asabar

Ni malamar Bayoloji ce a Zariya. Ranakun mako ina koyarwa a wata sakandare, ranar Asabar kuma ina da ɗalibai talatin da huɗu da nake yi wa bitar jarrabawar JAMB a wani ɗaki da muka kama haya a unguwarmu. A makaranta ba a barin yaro ya shigo da waya, kuma ina goyon bayan haka. Ɗakin Asabar kuwa nawa ne, don haka a can na gwada Kahoot, yau wata biyar ke nan. Malamai uku sun tambaye ni yadda yara ke shiga wasan, shi ya sa na ga gara in rubuta sau ɗaya kowa ya amfana.

Ƙanena ne ya nuna min shi, wani malaminsu na jami'a yana yi musu gwaji da shi. Wasan kacici-kacici ne na aji da ake yi ta intanet: malami ya rubuta tambayoyi da amsoshi huɗu-huɗu, tambaya ta fito a babban allo, yara su zaɓi amsa a wayoyinsu. A ƙasar Norway aka ƙirƙiro shi, da hannun jami'ar kimiyya da fasaha da ke Trondheim, ya fito a 2013. Da ya gama bayani ban tambaye shi komai ba sai abu ɗaya: yaran sai sun yi rajista? Domin na san 'yan ajina. Rabinsu wayar da ke hannunsu ta mama ce ko ta yaya, an ba su aro zuwa azahar. Imel ɗin da suke da shi a shagon kwamfuta aka buɗe musu, kalmar sirrin ma tana rubuce a wata takarda da ta daɗe da ɓata. Duk manhajar da za ta ce sai an yi rajista, to ta riga ta kori rabin ajina tun daga bakin ƙofa.

Ya ce babu rajista. Kuma gaskiya ya faɗa, wannan shi ne dalilin da ya sa har yau ban bar shi ba.

Malami kaɗai ke buɗe asusu. Idan na zaɓi tambayoyina na danna farawa, sai wata lamba ta fito a saman allo da manyan baƙaƙe, galibi shida ko bakwai. Yaro ya buɗe burauzar wayarsa, ya rubuta kahoot.it, ya zuba lambar a farin akwatin da ke tsakiya, ya danna. Sai a tambaye shi suna. Ya rubuta, ya sake dannawa, shi ke nan ya shiga. Ba ya sauke komai, ba ya biyan ko kwabo ban da datarsa. Wanda kyamarar wayarsa ke da kyau yana iya haska ɗan zanen QR da ke gefen lambar ya tsallake rubutun gaba ɗaya. Lambar ta wannan zaman ce kawai. Idan an tashi ta mutu, mako mai zuwa wata sabuwa ce.

A faɗe abu ne na minti ɗaya. Ranar farko minti ashirin da biyar muka yi.

Wasu sun rubuta kahoot.com, wanda shi ne shafin malamai, suka tsaya suna kallon wurin rajista suna cewa, “Malama, imel yake nema.” Wasu sun zuba lambar a akwatin bincike na Google. Wani yaro ya rubuta adireshin daidai amma wayar ta gyara masa kalmar ta mayar da ita wani abu daban. Biyu kuma suna amfani da irin burauzar nan mai tsimin data, shafin ya buɗe amma ya ƙi motsi, sai da suka koma Chrome. Tun daga ranar na rubuta adireshin da alli a saman allon bango, ƙato, kuma ban bari a goge shi ba. Na kuma sa kowa ya ajiye shafin a fuskar wayarsa kamar manhaja. Yanzu cikin minti uku zuwa huɗu kowa ya shigo.

Wurin jiran nan, kafin a fara tambayoyi, shi na fi so in kalla. Ina haɗa kwamfutata da wata tsohuwar talabijin da na kawo daga gida, domin ba mu da majigi. Duk wanda ya shiga, sunansa sai ya faɗo a allon, kuma lissafin 'yan wasa ya ƙaru da ɗaya. Akwai ɗan kiɗa da ke tashi, ni nakan kashe shi don masallaci na kusa da mu. Ka ga yaro ya danna waya ya ɗaga kai da sauri yana neman kansa a talabijin, idan ya gani sai ya dafa na kusa da shi: “Ga ni can!” Yaran da suka saba ganin sunansu a allo sai dai in sun yi surutu, yau ga shi ya fito don kawai sun zo.

Sunan kuma shi ne inda malami zai sa ido. Tunda ba rajista, yaro na iya rubuta duk abin da ya ga dama. Ranar farko na samu Sarkin Aji, na samu Ɗan Barca, na samu wani da ya rubuta sunan tsokanar da ake yi wa wata yarinya saboda tsawonta. Na ga fuskarta ta canza. Nan take na danna sunan da linzamin kwamfuta, ya fita daga wasan, na ce wanda ya yi ya sake shigowa da sunan da mahaifinsa ya raɗa masa. Ban nemi sanin ko wane ne ba, shi ya sani. Kahoot na da wani saiti da ke raba wa yara sunaye da kansa, na dabbobi da Turanci, kuma yana maganin wannan rashin kunyar. Sai dai ni ban cika kunna shi ba, domin bayan wasa ina son in san wa ya faɗi wace tambaya. Dokarmu yanzu ita ce sunan yanka da lambarka ta rajistar aji, a gajarce, don akwatin ba ya ɗaukar dogon suna.

Wani abu da ban yi tsammani ba: wata Asabar na ƙirga wayoyi goma sha ɗaya a ɗaki, allo kuma ya nuna mutum goma sha huɗu. Ashe wani ya tura lambar a zaurensu na WhatsApp, abokansa suna gida suna danne-danne. Duk mai lambar zai iya shiga ko daga ina yake. Maganinsa na nan a ciki. Akwai alamar kwaɗo da ake dannawa a rufe ƙofa idan kowa ya shigo, akwai kuma shiga mai mataki biyu, inda bayan lambar sai yaro ya danna wasu launuka huɗu a jere kamar yadda suka fito a babban allo, jerin kuma yana sauyawa bayan 'yan daƙiƙoƙi. Wanda ba ya cikin ɗakin ba zai gani ba. Kwaɗon ya ishe ni.

Wayoyi goma sha ɗaya ga yara talatin da huɗu, kun ga ba kowa ke da tasa ba. Muna yin wasan ƙungiya: mutum uku a waya ɗaya, su zaɓi sunan ƙungiya, kuma ana ba su 'yan daƙiƙoƙi su yi shawara kafin amsoshi su buɗe. Da farko na ɗauki wannan a matsayin rashi. Daga baya na lura gardamar da suke yi da raɗa a kan waya guda, “Wallahi shuɗi ne,” “A'a, tuna abin da Malama ta ce,” ta fi bayanin da zan yi a allo shiga kansu. Abin da nake tsarewa shi ne kada mai wayar ya zama shi kaɗai ke dannawa. Duk tambaya uku wayar ta koma hannun wani.

A wayar, amsoshin launuka ne huɗu masu siffa: jan alwatika, shuɗin daimon, rawayar da'ira, koren murabba'i. Rubutun yana babban allo. Da yake talabijin ɗina ƙarama ce, 'yan baya ba sa gani sosai, sai na kunna saitin da ke nuna tambaya da amsoshi a wayar kanta. Duk malamin da ba shi da majigi, wannan ya fara nema.

Bari in ba da labarin tambaya guda. Na tambaya: mene ne ke haddasa zazzaɓin cizon sauro? Na sa sauro a ja, Plasmodium a kore, sauran biyun na cike gurbi. Da lokaci ya ƙare sai allo ya nuna yawan waɗanda suka zaɓi kowace amsa: ƙungiya takwas sun tafi ja, biyu kore, ɗaya rawaya. Wannan darasi na koyar da shi sau biyu, kuma duk lokacin da na ce “Kun gane?” sai a amsa min “Eh, Malama” baki ɗaya. Ga shi allo ya nuna min gaskiya cikin daƙiƙa talatin. Na tsayar da wasan, muka yi minti goma a kan cewa macen sauron Anopheles 'yar aike ce kawai, ƙwayar cutar da take ɗaukowa ita ke shiga hanta ta koma cikin jini. Ɗaya daga cikin ƙungiyoyi biyun da suka ci, wayar tana hannun wata yarinya da ta yi wata uku a ajina ban taɓa jin muryarta ba. Kullum tana lungu, ta ja hijabi har goshi. Da sunan ƙungiyarsu ya hau cikin biyar na sama, ƙawayenta suka nuna ta suka ce, “Malama, ita ce ta ce kore.” Na ce ta faɗa mana dalili. Ta faɗa, a hankali, amma daidai. Ɗaga hannu a gaban samari ashirin ya fi ƙarfinta, danna waya kuwa bai fi ba.

Maki yana tafiya da sauri. Amsa daidai na iya kai maki 1000 idan an danna nan take, yana raguwa har zuwa rabi idan an kai ƙarshen lokaci. Wannan ke sa ɗakin ya ɗauki zafi, kuma yana da amfani ga masu shirin JAMB, wadda tun 2015 a kwamfuta kaɗai ake rubuta ta: tambaya 180 cikin awa biyu, wato daƙiƙa arba'in ga kowace idan aka raba. Yaron da ya saba ganin agogo na gudu a allo ba zai firgita ranar ba. Amma malami ya sani cewa a wurinmu ba saurin kai kaɗai ake aunawa ba, har da saurin layin waya. Na ga yara biyu sun danna tare, ɗaya ta shige, ɗayan wayarsa tana ta juyawa har lokaci ya ƙare. Ya kusa kuka. Saboda haka nakan ɗaga lokacin daga daƙiƙa 20 zuwa 30, mai lissafi kuma 60, kuma ba na taɓa shigar da makin Kahoot cikin sakamakon ɗalibi. Ukun da suka hau dandamali a ƙarshe alawa suke samu da tafi. Abin da nake ɗauka da muhimmanci shi ne rahoton da ke fitowa bayan wasa, mai nuna tambayar da ta fi kayar da mutane. Da shi nake tsara darasin mako mai zuwa.

Intanet da wuta su ne wahalar, kuma ba laifin wasan ba ne. Sau biyu ana ɗauke wuta muna tsakiya, talabijin ta mutu, na juyo musu da fuskar kwamfuta muka ƙarasa a cunkushe. Ranar da hadari ya haɗo kuma layi ya yi ta yankewa, wayoyi uku suka fita, sai da suka sake zuba lambar. Data ba ya ci sosai in babu bidiyo a tambayoyin. Nakan buɗe wa waɗanda ba su da ita daga wayata. Idan ranar ta ƙi gaba ɗaya, akwai hanyar mayar da tambayoyin aikin gida: in sa ranar rufewa, in tura mahaɗin a zauren iyaye na WhatsApp, kowa ya yi da dare idan baba ya dawo da waya. Babu ihun aji a wannan, amma ana yi.

Tsarin kyauta nake amfani da shi. Yana da iyaka a yawan 'yan wasa da irin tambayoyin da za ka iya yi, kuma na biya da kuɗin waje ake lissafa shi, wanda albashin malami ba zai ɗauka da sauƙi ba. Zaɓi-ɗaya-cikin-huɗu da gaskiya-ko-ƙarya sun wadatar da ni. Maɓallan da Turanci suke zuwa mana, amma tambaya kana iya rubuta ta da Hausa. Wata ƙawata mai koyar da Islamiyya ta gwada da tambayoyin Sira, ta ce yaran sun hana ta tashi.

Ga malamin da zai gwada, shawarata ita ce ranar farko kada ya sa ran koyar da komai. Ya yi tambaya biyar masu sauƙi, irin su babban birnin jihar Kaduna, ya bar yara su koyi shiga, su yi kuskuren adireshi, su ga an fitar da mai sunan banza. Asabar mai zuwa mu kuma za mu shiga darasin gado da ƙwayoyin halitta, na riga na rubuta tambaya goma sha biyar, huɗu daga ciki a kan sikila da jinin AS, domin akwai iyalai a unguwarmu da wannan ya shafa kuma ina son in ga abin da yaran suka ɗauka gaskiya ne. Yarinyar lungun nan ta aiko min da tambaya biyu ta wayar mamanta ta ce in duba ko za su shiga. Ɗaya ta shiga.