Shagon maganin dabbobin da na kai ɗan karena

Jiya na kai ɗan karen gidanmu wani shagon maganin dabbobi can wajen unguwar Zariya a Maradi, irin ƙananan nan ne masu gashi, kilo huɗu kacal, kwana biyu ba ya cin abinci ga kaska cike da kunne. Gaskiya likitan ya burge ni, bai taɓa magani ba sai da ya ɗora shi bisa sikeli tukuna, ya ce ƙaramin kare da kilo ake auna mishi magani ba da ido ba.

Da na ce na so in ba shi ibuprofen a gida sai ya zaro ido, "Alhaji kar ka kuskura, yana huda musu ciki ya lalata ƙoda", ya ce ko parasitamol kar in ba shi da kaina, haka ivermectin ta shanu da ake saidawa a kasuwa ta yi mishi ƙarfi, ɗigo kaɗan ya wuce kima.

Ya cire kaskar, ya ba da maganin tsutsa, ya rubuta ranar allurar haukan kare cikin karne, wato ɗan littafin lafiyar karen. Matsalata ɗaya wurin matsattse ne, na daɗe tsaye bayan wani mai tumaki, ga zahin Maradi.